Ziyararmu a Garin Masu Saƙa

Mu biyu ne muke wannan rubutu, maigida da uwargida. Ɗaya yana tunawa, ɗaya yana riƙe da alƙalami, in kuwa wani ya yi kuskure sai ɗayan ya gyara masa. Saboda haka za ku ji muna cewa "mu" daga farko har ƙarshe, sai inda abu ya shafi ɗayanmu shi kaɗai.

Mu mutanen Kakuri ne, cikin garin Kaduna. A nan muka yi aure, a nan muka haifi 'ya'yanmu biyar. Maigida ya shiga aiki a wata masaƙa yana ɗan shekara 19, ya yi shekara 28 a gaban injin saƙa. Uwargida kuwa shinkafa da wake take sayarwa a bakin ƙofar masaƙar. Watau dukanmu biyu daga zare muka ci, muka sha, muka biya kuɗin makaranta. Jiniyar masaƙa ita ce agogonmu. In ta yi kuka, sai ka ga kekuna sun cika hanya kamar fari, masu aikin dare suna fita, na safe suna shiga.

Ran da aka rufe masaƙar, maigida ya komo gida da rana tsaka, ya tura wata jaka ƙarƙashin gado, ya wanke hannu, ya zauna a dakali. Tun daga ran nan bai ƙara ambaton saƙa ba. Ya yi gadi, ya yi noma a bayan gari, amma in hira ta karkata wajen masaƙa sai ya tashi ya ba mutane wuri. Yara suka koyi kada su tambaya. Haka muka zauna sama da shekara goma, jakar tana ƙarƙashin gado, maganar kuma tana ƙarƙashin harshe.

Tambayar jika

A 2015 'yarmu ta biyu, wadda take aikin jinya a ƙasar Ingila, ta haihu, ta aiko mana da kuɗin jirgi domin mu zo mu ga jariri. Garin da suke zaune sunansa Burnley, a lardin Lankasha, mil ashirin da ɗoriya arewa da birnin Manchesta. Matasanmu sun san sunan ta wajen ƙwallo. Gari ne cikin kwari, tuddai sun kewaye shi. Gidajen na dutse ne, hayaƙin dā ya baƙanta su, an jera su manne da juna kamar haƙoran matsefi. Ruwa kuwa ba ya sallama, da safe yayyafi, da yamma yayyafi.

Wata rana babbar jikarmu, 'yar shekara tara, ta komo daga makaranta da aikin gida. Malamarsu ta ce kowa ya tambayi wani tsoho a gidansu irin aikin da ya yi, ya rubuta. Ta zo da littafinta ta zauna kusa da kakanta, ta ce da 'yar Hausarta mai tsalle-tsalle, "Kaka, wane aiki ka yi a Nijeriya?"

Maigida ya yi dariyar da ba ta kai ciki ba, ya ce, "Amaryata, ni ba ni da wani aiki. 'Yan buge-buge dai na yi."

Yaro ba ya sanin zaurance. Ta sunkuya ta rubuta da Turanci cewa kakanta bai taɓa yin aiki ba. Uwarta ta karanta, ta juya mana da Hausa. Uwargida ta shiga ɗaki ta yi hawaye, gama ta san hannun da ya ciyar da gidan nan. 'Yarmu ba ta yi gardama da ubanta ba. Da dare sai ta ce, "Baba, Mama, kun yi wata guda ba ku ga garin ba. Akwai gidajen tarihi uku a nan. Bari mu zaga su kafin yarinyar nan ta kai aikinta." Muka ce to. Ba mu san ta riga ta shirya wanda za ta bar mana a ƙarshe ba.

Gidan bakin ruwa

Na fari ƙaramin gida ne a unguwar da suke kira Weavers' Triangle, watau kusurwar masu saƙa. Yana bakin wata hanyar ruwa da mutane suka haƙa da hannu, mai tsawon mil 127, daga birnin Lids zuwa Libaful a bakin teku. Ta iso Burnley a 1796, aka gama ta duka a 1816. Dawakai ne suke bi ta gefe suna jan jiragen kaya da igiya. A tsakiyar garin sai da aka tara ƙasa aka yi tudu mai tsawon kusan mil guda, tsayinsa ya kai ƙafa 60, ruwan yana bi ta bisansa. Mun hau mun gani da idonmu, mutum yana bakin ruwa yana leƙen rufin gidajen mutane. A gidan nan ne dā ake karɓar kuɗin fito daga masu jirage. Waɗanda suka tarbe mu tsofaffi ne na garin, ba wanda yake biyansu, son garinsu ne kawai ya kawo su.

Maigida ya ce wa 'yarmu ta tambaye su ina gonakin audugarsu. Dattijon da yake zagawa da mu ya yi murmushi, ya ce ko tushe ɗaya ba ya fita a Ingila, sanyi ba ya bari. Daga kudancin Amurka ake kawo yawancinta ta Libaful, kuma har zuwa 1865 bayi ne baƙar fata suke noma ta. Bai ɓoye wannan ba, bai kuma yi sauri ya wuce shi ba. Ya ce sa'ad da Amurka ta shiga yaƙin basasa a 1861, auduga ta yanke, masaƙun Lankasha suka tsaya, iyalai da yawa suka koma cin abincin taimako har yaƙin ya ƙare.

To, in ba su da auduga, me ya kawo saƙa garin? Ya lissafa mana abu uku. Ga kwal a ƙarƙashin ƙasarsu na hura injuna, ga hanyar ruwa ta ɗaukar kaya, ga kuma laimar iska, gama zaren auduga ba ya yawan tsinkewa inda akwai danshi. Da aka juya wannan da Hausa, sai muka ji maigida ya ce, "Gaskiya ne. Mu da hunturu, zare..." Sai ya yi shiru. Uwargida da 'yarmu suka dubi juna, ba wadda ta tanka.

Wajen 1910 akwai injunan saƙa kimanin 99,000 a garin, mutanensa kuma sun haura 100,000. Mun ga hotunan lokacin, bututun hayaƙi birjik kamar kututturen giginya bayan gobara, rana ba ta ko ganuwa sosai.

A cikin gidan an shirya ɗakin mai saƙa kamar yadda yake a dā: murhu, tukunya, kujera, da ɗan abin da ba a rasa ba. Uwargida ta ce bai fi ciki da falon da muka fara zama a Kakuri ba. Aka nuna mana takalmansu masu tafin katako da ƙarfe a ƙasa. Aka ba mu labarin mai tashin mutane, wanda ake biya ya bi gida gida da asuba da doguwar sanda yana ƙwanƙwasa taga, domin talaka ba shi da agogo, kuma wanda ya makara an yanke masa kuɗi. Abin da ya ba mu mamaki, yawancin masu saƙa a garin mata ne, alhali a masaƙun Kaduna kusan duka maza ne. Yara 'yan shekara 12 kuma rabin yini suna masaƙa, rabi suna makaranta, har dokar ilimi ta 1918 ta kawo ƙarshen wannan. Jikarmu ta ƙirga da yatsa, ta ce, "Da saura shekara uku in fara." Ba wanda ya yi dariya. Kafin a wajabta makaranta, yara da yawa a makarantar Lahadi suka koyi karatu, gama ita kaɗai ce ranar da inji ba ya kiransu.

Ba wahala kaɗai aka nuna mana ba. Kowace shekara a watan Yuli ana rufe masaƙun garin mako guda, a gyara injuna, jama'a kuma su cika jirgin ƙasa zuwa bakin teku, musamman Blackpool. Hutun ba na biya ba ne, don haka duk shekara suna zuba kuɗi kaɗan kaɗan a ajiye. Uwargida ta ce, "Ashe su ma sun san adashi."

Gidan masu gari

Bayan kwana uku muka tafi gida na biyu, Towneley Hall. Wannan ƙaton gida ne cikin fili mai itatuwa da ciyawa, inda iyalin Towneley, masu ƙasar wurin, suka zauna fiye da shekara 500. A 1901 aka sayar wa hukumar garin, ya zama na kowa da kowa. Jikokin waɗanda dā ba su isa su taka ƙofarsa ba, su ne muka tarar suna guje-guje a filin. A ciki akwai zane-zane, da gadaje na katako mai sassaƙa, da madafi mai faɗin ɗakin taro.

Abu biyu suka tsaya mana a rai. Iyalin nan 'yan Katolika ne, kuma a zamanin Sarauniya Alisabatu ta Ɗaya doka ta hana irin sujadarsu. Maigidan na lokacin, John Towneley, an ci shi tara, an kuma kulle shi a kurkuku shekaru masu yawa saboda ya ƙi barin abin da ya gaskata. A gidan akwai maɓoya inda ake ɓoye firist in masu bincike sun zo. Na biyu, rigunan sujada ne da aka tsirar daga gidan sufaye na Whalley sa'ad da sarki ya rushe irin waɗannan gidaje. Sun haura shekara 500, ɗinkin hannu ne na zaren alharini da na zinariya. Uwargida ta daɗe tsaye gabansu tana duban aikin allura.

A hanyar komawa muka yi ta magana a kan wannan. Masu kiran suna ɗaya ne suka tsananta wa juna haka, kowane ɓangare ya yi nasa sa'ad da iko yake hannunsa. Mutanen garin ba su share labarin don abin kunya ne ba. Sun ajiye shi inda yara za su gani su tambaya. Maigida bai ce kome ba, amma mun lura yana saurare.

Masaƙar Queen Street

Ran da za mu gida na uku, 'yarmu ba ta faɗi sunansa ba. Mota ta hau tudu zuwa wata unguwa a gefen gari mai suna Harle Syke. Sai ga dogon bututu yana fitar da hayaƙi. Da muka buɗe ƙofar mota, warin man inji da na auduga ya tarbe mu. Maigida ya tsaya cik. Ya ce, "Ku shiga, ni zan jira ku a nan."

'Yarmu ta ce, "Baba, don Allah."

Ya girgiza kai. Sai jikar ta kama hannunsa ta ce, "Kaka, an ce akwai ƙara a ciki, ina jin tsoro. Ka riƙe ni." Abin da babba ya kasa, yaro ya yi. Muka shiga.

An kafa kamfanin masaƙar nan a 1894, aka sayar da hannun jari a kan fam biyar biyar, mutanen unguwar da yawa suka saya. Ta yi aiki har 1982, kuma har ranar da aka rufe ta da tururi take tafiya, ba da lantarki ba. Maimakon a sayar da ƙarafan ga 'yan gwangwan, sai aka mai da ita gidan tarihi, aka buɗe a 1986. Ita ce kaɗai masaƙa mai tururi ta wancan ƙarni da ta ragu da injunanta a inda aka kafa su.

Muka fara ganin wani mutum yana zuba kwal da shebur cikin wutar da take tafasa ruwa. Daga nan muka shiga ɗakin babban injin, wanda aka ƙera a 1895, mai ƙarfin doki 500. An goge shi yana walƙiya kamar kwanon amarya. A 1918 gobara ta ci wani sashe na masaƙar. Bayan an gyara, yaƙin duniya na fari kuma ya ƙare, sai aka sake wa injin suna domin tunawa da samarin da ba su komo ba. Sunan, in an juya shi da Hausa, Salama ne.

Sa'an nan aka buɗe mana ƙofar zauren saƙa. Injuna sama da 300 a jere, sandunan ƙarfe suna juyi a sama, daga kowace sanda ɗamarar fata ta sauko zuwa inji. Kaɗan daga ciki aka tayar, amma ƙarar ta isa ta sa jikar ta toshe kunne. Uwargida ta dubi maigida. Kafaɗunsa sun miƙe, idonsa yana bin ƙoshiya tana kai da kawowa, leɓensa yana motsi kamar mai ƙirga.

Wadda take nuna aikin wata dattijuwa ce mai furfura, da atamfar aiki ɗaure a ƙugu. Ana cikin haka zare ɗaya ya tsinke. Kafin ta kai hannu ta tsai da injin, hannun maigida ya riga ya ɗaga yana nuna mata daidai wurin. Ta dube shi. Ta tsinko zare guda biyu ta miƙa masa, ba ta ce kome ba. Ya karɓa, ya haɗa bakinsu tsakanin babban yatsa da manuni, kafin ƙiftawar ido ya yi ƙullin masu saƙa, ɗan ƙarami wanda ba ya kwancewa, ba ya kuma maƙalewa a inji. Ta ja da ƙarfi, bai motsa ba.

Sai ta motsa leɓe a hankali, babu murya, tana nuna shi da yatsa. Maigida ba ya jin Turancin mutanen wurin in suna magana, amma wannan ya gane. Ya buɗe yatsu goma sau biyu, sa'an nan takwas. Ita kuma ta dafa ƙirjinta, ta buɗe goma sau uku. Suka yi dariya tare cikin ƙarar nan, ba wanda ya ji muryar wani. Ashe masu saƙa na Lankasha sun saba magana da leɓe da hannu saboda ƙara, daidai yadda su maigida suke yi a Kakuri.

Jikar ta saki kunnenta ta ja rigarsa. "Kaka, a ina ka iya?"

Ya sunkuya ya sa baki a kunnenta, ya ɗaga murya, "Aikina ke nan, amaryata. Ni masaƙi ne."

Hira a kan shayi

Da aka tsai da injuna, dattijuwar ta nuna mana ƙoshiya irin ta dā, wadda sai an sa baki an tsotso zaren ta ɗan rami. Suna kiran wannan sumbar ƙoshiya. Ta haka tarin fuka yake bi daga baki zuwa baki, ƙurar auduga kuma tana cin huhu, ƙara tana kashe kunne. Ta ce mace ɗaya injuna huɗu take kula da su, ana biyanta gwargwadon abin da ta saƙa. Da masu masaƙu suka nemi ƙara wa kowa injuna a rage ma'aikata, aka yi babban yajin aiki a 1932. Maigida ya taɓa yadin da yake fita daga injin, ya murza, ya ce, "Akoko ne." Shi ne kuwa, farin yadi marar rini, irin wanda iyayenmu suke saye a kasuwa.

Ta bi mu ɗakin shan shayi, 'yarmu tana tafinta. Muka tambaye ta abin da ya kashe aikin. Ta ce ƙasashen da suke sayen yadinsu sun koyi saƙa nasu da inji, da araha kuma, Indiya da Japan a kan gaba. Mutanen Indiya ma har ƙin sayen yadin Ingila suka yi sa'ad da suke neman 'yanci. A 1931 Gandhi da kansa ya zo Darwen, wani gari a lardin, ya ga masu saƙa da suka rasa aiki, su kuwa suka tarbe shi da fara'a.

A nan ne bakin maigida ya buɗe, ya shiga ba ta namu labarin. Tun 1902 attajiran Lankasha suka kafa ƙungiyar neman auduga daga ƙasashen da Ingila take mulki, suka sa ido a kan ƙasar Hausa, inda ake noma auduga, ana kaɗi, ana saƙa, ana rini tun kafin Bature ya zo. Suka kafa injunan gurza a wurare kamar Zariya da Funtuwa. Amma da jirgin ƙasa ya isa Kano a 1911, manoman Kano suka ga gyaɗa ta fi kuɗi, suka koma mata. Sa'an nan a 1957 gwamnatin Jihar Arewa ta haɗa hannu da kamfanin David Whitehead and Sons aka buɗe Kaduna Textiles, masaƙa ta fari a Kaduna, da akoko ta fara. Da ta ji sunan kamfanin sai ta ajiye kofi. Ta ce ai na Rawtenstall ne, bayan tudun nan, bai kai mil goma ba.

Maigida ya ce, "To, Mama, ashe mu ma muna cikin waɗanda suka rage muku kasuwa."

Ta yi dariya ta ce, "Ku kuma wa ya rage muku?"

Ya lissafa mata: yadi mai araha daga ƙasar Sin, fasa-ƙwauri ta kan iyaka, rashin wutar lantarki, tsadar baƙin mai, injuna sun tsufa ba a sake ba. Kaduna Textiles ta tsaya a 2002, United Nigerian Textiles, wadda ta fi kowace girma, ta rufe ƙofa a 2007, sauran ma haka, ɗaya bayan ɗaya. Duniya rawar 'yan mata, na gaba ya koma baya. Daga nan muryarsa ta sauka. Ya ce shi tun da aka rufe tasu yake jin kunya, kamar wanda ya yi shekara 28 yana ɗiban ruwa da kwando.

Dattijuwar ta dube shi da kyau. Ta ce ita ma ta yi shekaru ba ta bin titin da masaƙarsu take. Ta ce, "'Ya'yanka nawa?" Ya ce biyar. "Sun ci? Sun yi karatu?" Ya nuna 'yarmu. Ta ce, "To, kamfani ne ya faɗi. Kai ka yi aikinka."

A daren nan ba mu kwanta ba sai bayan sha biyu. Maigida ya ba da labarin ranar da ya fara aiki, da albashinsa na fari wanda ya sayi keke da shi, da yadda kunnensa na hagu ya mutu, da abokan aikinsa daga kowace kabila, Kirista da Musulmi, suna cin abincin uwargida a kwano ɗaya, ana rubuta bashi sai ƙarshen wata. 'Yarmu da take da 'ya'ya uku, ran nan ta fara jin yawancin wannan. Jikar ta yage shafin farko ta sake rubutu, ya cika shafi biyu. Ta manna ƙullin zaren a ƙasa.

Abin da gidan tarihi ba ya yi

Kada mu ruɗe ku, ya ku masu karatu. Gidan tarihi bai komo wa Burnley da aiki ba. Mun ga shaguna a rufe, mun ga samari zaune da rana tsaka kamar na Kakuri. Bayan yaƙin duniya na biyu mutane sun zo daga Pakistan da Bangaladash domin aikin masaƙa, da yawansu aikin dare. Da aikin ya ƙare, kowa ya koma unguwarsa, waɗanda dā suke haɗuwa a bakin inji suka daina haɗuwa. A watan Yuni na 2001 rikici ya tashi tsakanin samarin ɓangarorin biyu, aka ƙone motoci da shaguna. Da muka ji wannan muka yi shiru, gama mun tuna Kaduna a shekara ta 2000, da yadda kogi ya zama iyaka tsakanin maƙwabta.

Ajiyar tarihin ma ba ta da tabbas. A 2016 aka rufe masaƙar Queen Street ga baƙi saboda ƙarancin kuɗi, sai a 2018 aka sake buɗe ta. Abin da ba a kula da shi ba, ko a Ingila, yana iya ɓacewa.

Amma ga abin da muka gani yana yi. Yana sa yaro ya san ƙasar da yake takawa wani ya yi gumi a kanta. Yana kuma ba tsoho wurin da zai tsaya ya ce, ga abin da na yi da kwanakina.

Jakar ƙarƙashin gado

Da muka komo Kaduna, kafin mu kwance kaya, maigida ya durƙusa ya jawo jakar nan. Ƙura ta rufe ta. A ciki akwai tsohuwar ƙoshiya da ta tsage, wadda shugaban sashensu ya ba shi, da ɗan almakashi, da ƙugiyar jan zare, da katin shaidar aiki mai hotonsa yana da gashi baƙi ƙirin, da yanki ɗaya na yadin da ya saƙa a makonsa na ƙarshe. Uwargida ta kwashe tangaran daga bene ɗaya na kabad ɗin falo, muka jera su. Ta kawo tsohon littafin bashinta da ludayin da ta yi shekaru tana zuba wake da shi, ta ajiye a gefe. Kowane abu muka rubuta masa 'yar takarda: mene ne, na wane ne, wace shekara.

Bayan wata guda maigida ya nemi lambar wani abokin aikinsa Musulmi da ya ƙaura hayin kogi tun rikicin 2000, ya kira shi. Ya zo ran Asabar tare da jikansa. Tsofaffin nan biyu suka zauna gaban kabad har la'asar, suna gardama a kan wanda ya fi saurin ƙulli, yaran suna alƙalanci. Mun kuma kai jikokinmu na gida gidan tarihi na Kaduna, suka ga kawunan yumɓu na Nok. Abin kunya, duk zamanmu a garin ba mu taɓa shiga ba, sai da muka je Ingila muka koyo hanya.

Hausawa sun ce waiwaye adon tafiya. Ku da kuke Jos da Bukuru, iyayenku sun haƙa kuza, ga gidan tarihi a Jos tun 1952, yaushe rabonku da kai yara? Ku na Kano, ga Gidan Makama. Ku da garinku ba shi da irin wannan gida, ku duba ƙarƙashin gado da cikin rumbu. Akwai mazarin kaka, da garmar da ta gaji, da fitilar ma'aikacin jirgin ƙasa, da takardar albashi ta fari. Ku fito da su tun masu su suna da rai, ku tara yara da dare, ku bar tsoho ya yi magana, wani kuma ya rubuta. Ku iyaye kuma, in yaro ya tambaye ku aikin da kuka yi, kada ku ce buge-buge. Ku faɗa masa gaskiya, da daɗinta da ɗacinta, gama abin da kuka faɗa shi zai rubuta.

Jikarmu ta Burnley ta girma yanzu. Duk sa'ad da ta kira waya, bayan ta gaishe mu sai ta ce, "Kaka, ƙoshiyata tana nan?" Gama maigida ya riga ya rubuta sunanta a bayan takardar.